Manhajar rubuta bayanan jinyar ƙwaƙwalwa: yadda za ka gina ta a Sakkwato har ka ci abinci da ita

Yayata ta karanci ilimin halayyar ɗan'adam. Aikinta zama da masu damuwa da ciwon ƙwaƙwalwa, a yi ta zance har a kamo bakin zaren abin da ke cin mutum. Akwai lokacin da motarta ta lalace, ni nake zuwa ɗaukarta a babur in kai ta gida Mabera. Ƙarfe huɗu ake tashi aiki, amma ban taɓa ganin ta fito kafin kiran magariba ba. Sai in zauna a benci ina hango ta ta taga: fayiloli jibge a hagunta, biro a hannu, ta yi rubutu ta tsaya ta rufe ido, tana tuno abin da mutumin ƙarfe goma ya faɗa don kada ta gauraya shi da na ƙarfe sha ɗaya.

Ni sana'ata rubuta manhaja. Wata rana muna tafe, daidai Gawon Nama, na ce mata, "Yaya, a Amurka yanzu akwai manhajar da ke sauraren zaman likita da maras lafiya ta rubuta bayanin da kanta." Ba ta tanka ba sai da muka isa ƙofar gida. Ta sauka, ta gyara mayafi, ta ce, "To wa za ya ji abin da anka hwaɗa? Kuma ina za ta kai shi?"

A kan tambayoyin nan biyu na gina duk abin da na gina daga baya. Wanda zai shiga wannan sana'a a garinmu, amana ce hajarsa, sai kuma ɗan lokacin da zai maido wa ma'aikaci. Ƙirƙirarriyar basira ta AI tana zuwa ne a bayansu. Ga yadda nake ganin ya kamata a bi.

Fara da ƙirga masu saye

A Amurka kamfanoni irin su SimplePractice da TherapyNotes, da sababbi irin su Mentalyc da Upheal, suna rayuwa ne saboda dubban masu jinya ta hanyar tattaunawa suna da ofisoshin kansu. Kowa yana biya duk wata da katin banki, kuma kamfanin inshora yana buƙatar a ajiye bayanin zama a rubuce. A nan ba haka kasuwar take ba. Ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwa ta Najeriya ta sha faɗin cewa likitocinta ba su kai 300 ba, a ƙasa mai mutum sama da miliyan 200. Masu zaman kansu a Sakkwato kuwa da yatsu za ka ƙirga su.

Saboda haka ɗauki takarda ka rubuta inda aikin yake a zahiri. Akwai Asibitin Ƙwaƙwalwa na Tarayya da ke Kware. Akwai sashen ƙwaƙwalwa na Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo. Akwai masu ba da shawara a wuraren da ba a kiran su asibitin ƙwaƙwalwa amma kullum ana share hawaye a cikinsu, kamar Asibitin Noma, na masu ciwon noma mai cin fuska, da sashen masu yoyon fitsari na Asibitin Maryam Abacha. Akwai ƙungiyoyin agaji da ke zama da waɗanda 'yan bindiga suka raba da gidajensu a wajen Isa, Sabon Birni, Rabah da Goronyo. Akwai ofisoshin ba ɗalibai shawara a manyan makarantu. In ka gama, ka ƙara Birnin Kebbi, Gusau da Katsina, ka kuma tuna da asibitocin Kaduna, Dawanau da Maiduguri. Za ka ga mai sayenka hukuma ce ko ƙungiya, mai amfani da kayan kuma sau da yawa nas ce, ko ma'aikacin jin daɗin jama'a, ko mai ba da shawara. Su za ka yi wa ɗinki daidai jikinsu.

Je ka zauna a ofishin kati

Kafin ka rubuta layi ɗaya, nemi izini ka yi mako biyu kana kallon yadda takarda ke yawo. Ɗakin zama da maras lafiya ba wurinka ba ne, kada ma ka roƙa. Ofishin kati ya ishe ka. A nan za ka ga yadda ake neman fayil a rasa, yadda ake rubuta ranar dawowa a bayan kati, yadda ƙarshen wata ke zama tashin hankali saboda rahoto.

Ka koyi tsarin rubutun da suke bi. Wanda ya fi yaɗuwa shi ne SOAP, wanda ya samo asali daga aikin wani likita ɗan Amurka, Lawrence Weed, a shekarun 1960. Gida huɗu ne: abin da maras lafiya ya faɗa, abin da ma'aikaci ya gani da idonsa, fahimtar ma'aikaci, sai abin da za a yi gaba. Wasu masu tattaunawa sun fi son DAP mai gida uku, inda ake haɗe biyun farko. Ka san takardun awo: PHQ-9 na ciwon damuwa, tambaya 9, maki daga 0 zuwa 27, GAD-7 na fargaba, tambaya 7, maki daga 0 zuwa 21. Ka riƙe a ranka cewa tambaya ta tara a PHQ-9 ita ce ta tunanin mutuwa ko cutar da kai, za mu dawo kanta. In wurin suna bin jagoran mhGAP na Hukumar Lafiya ta Duniya, wanda aka yi don ma'aikatan da ba ƙwararrun ƙwaƙwalwa ba, to fom ɗinka ya bi shi sau da ƙafa.

Abu mafi girma da za ka gano shi ne wannan: zama da Hausa ake yi, fayil kuma da Turanci ake cike shi. Ma'aikaci tafinta ne a tsakani, kullum.

Sayar da aikin ofis tukuna

Na ga matasa da yawa suna ɗokin farawa da AI. Ni shawarata ka fara da rajista, jadawalin ranaku, tunatarwa, lissafin maki, da rahoton wata. Ba su da ƙyalli, amma su ne ke sa a buɗe manhajarka kowace safiya, su ne kuma shugaban sashe zai iya kare kuɗinsu a gaban na sama da shi.

Tunatarwa ma tana da ladabinta. A Sakkwato in aka ce "an kai shi Kware", kowa ya san abin da ake nufi, kamar yadda Bakano zai ce Dawanau. Maganar nan tana iya rusa neman aure a lokacin bincike, tana iya hana mutum amanar kasuwa. Waya kuma a gidaje da yawa ta maigida ce, ko ta babban ɗa. Don haka saƙon tunatarwa kada ya ɗauki sunan asibiti, ko sunan sashe, ko kalmar ƙwaƙwalwa. Nawa cewa yake yi kawai, "Salamu alaikum. Ana tuna maka alkawarinka na ranar Talata da ƙarfe goma." A ranar rajista a tambayi mutum: lambar wa ce wannan, ka yarda a aiko saƙo, ko kira ka fi so? Da yawa ba su karanta boko, kira ya fi musu. Ka kuma bar gurbi a rubuta ranar kasuwar garinsu, domin wanda aka ba ranar dawowa daidai da ranar kasuwa ba zai zo ba, kuma ba taurin kai ne ya hana shi ba.

Kada ka ɗauki muryar zaman

A nan na fi daɗewa, a nan kuma na fi son ka saurare ni.

Hanyar da kamfanonin waje suka fi bi ita ce a ajiye waya a tebur ta naɗi zaman gaba ɗaya, a mayar da shi rubutu, sannan AI ya taƙaita. Na gwada wannan, amma ba da maras lafiya na gaskiya ba. Yayata da wata abokiyar aikinta suka zauna a falonmu ranakun Asabar, ɗaya ta zama ma'aikaciya, ɗaya ta zama mai damuwa, suka ƙago labarai irin waɗanda suka saba ji. Kai ma haka za ka yi, ka tara irin wannan naɗi kamar talatin, su zama ma'auninka duk lokacin da ka sauya wani abu.

Ga abin da na gani da wata manhajar da na gwada. Abokiyar Yaya, a bakin matar aure 'yar ƙauye, ta ce, "Kwana ukku ban yi kwana ba." Duk Basakkwace ya san barci take nufi. Bayanin da ya fito da Turanci cewa ya yi ta yi dare uku ba ta kwana a gida ba. Ka auna wannan jimla a fayil ɗin matar aure, ka auna ranar da fayil ɗin zai je gaban alƙali a shari'ar saki ko riƙon 'ya'ya. Ta ce "abokiyar zamana", aka fassara ta da wadda suke haya ɗaki ɗaya, kishiya ta ɓace daga labarin, alhali ita ce rabin labarin. Ta ce "yaron gidanmu", saboda alkunyar ɗan fari, aka rubuta shi ɗan aiki. Ta ce "iska ta taɓa shi", aka kawo zancen sanyi da mura. Ga kuma "munka" da "sunka" da "hwaɗi" da "biyat", waɗanda na'urar da ta koyi Hausa daga labaran rediyo ba ta saba da su ba, balle in Fulatanci ko Zabarmanci ya shigo tsakiyar magana.

Wanda ya fi tayar mini da hankali shi ne korewa. Hausa tana kore magana da "ba" a gaba da "ba" a baya. "Ban taɓa tunanin kashe kaina ba" da "na taɓa tunanin kashe kaina", 'yan ƙananan sautuka ne tsakaninsu, kuma mai wannan magana a hankali yake yin ta, kai a sunkuye, fanka tana kaɗawa, janareta yana ruri a waje. Kuskure ta kowane ɓangare bala'i ne.

Matsalar ba ta Hausa kaɗai ba ce. Whisper, manhajar mayar da magana rubutu da kamfanin OpenAI ya saki kyauta a watan Satumban 2022, tana da Hausa a jerin harsunanta. A watan Oktoban 2024 kamfanin dillancin labarai na AP ya ruwaito cewa takan ƙago jimlolin da ba wanda ya faɗa, har a aikin asibiti da Turanci, masu bincike kuma sun lura abin ya fi faruwa inda mai magana ya yi dogon shiru. To zaman jinyar damuwa rabinsa shiru ne. Ma'aikaci da gangan yake barin shirun.

Sannan a nan da wuya mutum ya shigo shi kaɗai. Miji zai zo, ko uwa, ko babban wa, kuma sau da yawa su ke amsa tambaya. Na'ura takan ɗora maganar suruka a bakin maras lafiya. Kai, ko da na'urar ta iya komai, akwai abin da Yaya ta faɗa mini da ban manta ba: matar da ta yi wata uku kafin ta yarda ta buɗe baki, in ta ga waya a tebur tana naɗi, ta koma gidan jiya.

Hanyar da na tsaya a kai ita ce shifta. Maras lafiya ya fita, ma'aikaci ya rufe ƙofa, ya danna, ya yi magana minti biyu ko uku da Turancinsa na aiki, yana saka kalaman maras lafiya da Hausa inda suke da nauyi. Manhaja ta mayar rubutu, ta rarraba shi gida-gida bisa SOAP ko DAP, ta miƙo masa ya duba. Muryar maras lafiya ba ta taɓa shiga na'ura ba. Tafintan da ya san "kwana" da "iska" yana nan a mazauninsa. Kuma ana yin rubutun ne tun zancen yana da ɗumi, ba sai magariba ba.

Akwai ƙa'idojin da za ka kafa a cikin manhajar, waɗanda ba mai iya kashe su. Umarnin da kake ba AI ya fito fili: kada ka ƙara abin da ba a faɗa ba, inda babu bayani rubuta cewa ba a ambata ba, kalaman maras lafiya ka bar su da Hausa yadda suka fito. Irin waɗannan na'urori ba su son gurbi, in ba a ambaci cin abinci ba sai su rubuta yana ci lafiya, domin haka galibin bayanan da suka koya suke cewa. Kada manhaja ta sa wa ciwo suna. Wanda ya ce an yi masa sammu yana iya zama mai faɗin abin da duk unguwarsu ta yarda da shi, yana kuma iya zama mai ruɗin tunani, wanda ya zauna da shi kaɗai zai iya bambancewa. Gidan haɗari, wato tunanin kashe kai ko cutar da wani, da hannu ma'aikaci zai cike shi, kuma fayil ba zai rufu ba sai an cike. In tambaya ta tara a PHQ-9 ta fito da maki ko ɗaya ne, allo ya nuna ja. Kowane bayani yana ɗauke da tambarin "daftari" har sai ma'aikaci ya karanta ya sa hannu, da sa hannu kuma muryar shiftar ta goge.

Wasu za su ce ka ƙara manhajar hira da marasa lafiya kai tsaye, su riƙa tura mata damuwarsu da dare. Ni ban yi ba, ba kuma zan ba ka shawarar yi ba. Mutum zai rubuto ƙarfe biyun dare cewa ya gaji da duniya, wa ke farke ya ɗauka?

Inda bayanan za su kwana

A watan Oktoban 2020 aka gano cewa an sace bayanan zama na wani kamfanin jinyar ƙwaƙwalwa a ƙasar Finlan mai suna Vastaamo. Mutum wajen dubu 33 abin ya shafa. Ɓarawon ya fara neman kuɗi wurin kamfanin, da bai samu ba sai ya koma aika wa marasa lafiyar saƙo ɗaya bayan ɗaya, ko su biya ko ya watsa sirrinsu. Kamfanin ya durƙushe a 2021, a 2024 kotu ta ɗaure ɓarawon shekara shida da wata uku. Duk wanda zai taɓa wannan sana'a ya karanta labarin nan har ya ji shi a ƙashinsa. Ka ɗauko shi ka ajiye a Sakkwato, inda mai ba da kati zai iya zama ɗan ƙanwar maras lafiya, inda fayil ke ɗauke da zancen fyaɗe, ko shan tiramol da kodin, ko yunƙurin kashe kai, wanda tsohuwar dokar Penal Code ta Arewa ta lissafa cikin laifuka.

Doka ma ba ta bar ka sakaka ba. Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014, a sashe na 26, ta ce duk bayanin da ya shafi maras lafiya sirri ne. Dokar Lafiyar Ƙwaƙwalwa da Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a watan Janairun 2023 ta maye gurbin tsohuwar dokar 1958, ta kuma jaddada haƙƙin maras lafiya. Dokar Kare Bayanai da Shugaba Bola Tinubu ya sa wa hannu a watan Yunin 2023 ta kafa hukumar NDPC, ta sa bayanan lafiya cikin masu buƙatar kariya ta musamman, ta gindaya sharuɗɗa kafin a fitar da bayanai wajen ƙasa. In aka yi kutse mai haɗari, sa'o'i 72 ke gare mai riƙe da bayanan ya sanar da hukumar. Tarar karya dokar tana iya kaiwa naira miliyan 2 ko kashi 2 cikin 100 na kuɗin shigar shekara, wanda ya fi yawa, ga manyan masu riƙe da bayanai kuma naira miliyan 10 ko kashi 2 ɗin. A idon dokar asibiti ne mai bayanan, kai mai sarrafa masa ne, sai da yarjejeniya a rubuce tsakaninku. Nemi lauya ya rubuta ta, kuɗin da za ka ba shi yana cikin jari.

A aikace, ni na fi son komai ya zauna a cikin ginin. Kwamfuta guda mai ƙwaƙwalwar aiki gigabait 16 tana iya ɗaukar manhajar shifta da ƙaramin samfurin AI irin waɗanda ake saukewa kyauta, kamar Llama na kamfanin Meta. Ba ta da saurin na intanet, amma shiftar minti uku ba ta fi ƙarfinta ba. Ka haɗa ta da wayoyin ma'aikata ta rauta, wato na'urar Wi-Fi, ta cikin gida wadda ba ta fita waje. Da haka yankewar sabis ba ta tsayar da aiki, kuma in Yaya ta sake tambaya ina za a kai abin da aka faɗa, sai in nuna mata akwatin da yatsa. Ka tanadi sola da batir, ka ɗora kwamfutar inda iska ke ratsawa, domin zafin Afrilu a nan yana haura digiri 40, ƙurar hunturu kuma tana toshe fanka. A kulle faifan ajiya da mabuɗin sirri yadda ko an sace kwamfutar ba za a karanta komai ba. Kwafin ajiya ya zauna a kabad mai makulli a wani ɗaki daban, duk wata kuma ka gwada maido da shi ka tabbatar yana buɗewa.

In dole sai ka yi amfani da AI na intanet, to ka samu yarjejeniyar cewa ba za su ajiye bayanan ba, ba kuma za su koyar da na'urarsu da su ba, sannan ka cire suna da lamba da adireshi kafin komai ya fita. Amma ka sani cire suna bai isa ba. "Matar hakimin gari kaza ta uku" suna ne cikakke. Ka koya wa ma'aikata su riƙa shifta da lambar kati kawai.

Kowa da ƙofarsa. Mai ba da kati suna da ranar dawowa kaɗai zai gani. Ma'aikaci ya ga nasa marasa lafiya. Duk wanda ya buɗe fayil, manhaja ta rubuta sunansa da lokaci, shugaban sashe ya riƙa dubawa. Kai kanka mai manhajar kada ka iya karanta bayani, in gyara ya kama ka yi shi a gaban wani daga cikinsu. Kada ka saka komai na talla ko na bibiyar masu amfani. A 2023 hukumar kasuwanci ta Amurka ta sa kamfanin BetterHelp ya biya dala miliyan 7.8 saboda ya miƙa bayanan masu neman taimako ga irin su Facebook da Snapchat don talla. Ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba, manhaja ma haka.

Ko da shifta ce, a gaya wa maras lafiya. Takardar yarda ta kasance da Hausa, a karanta wa wanda ba ya karatu, a gajarce: bayan ka fita zan faɗa wa kwamfuta bayanin zamanmu ta taya ni rubutawa, ba ya fita daga asibitin nan, in ba ka so da hannu zan rubuta kuma ba abin da zai ragu a kulawarka. Maras lafiyar za a tambaya, ba wanda ya rako shi ba, matuƙar yana cikin hayyacinsa. In kuma wata rana kana son amfani da bayanan don inganta manhajarka, wannan wata yarda ce daban, sai ta bi ta kwamitin ɗa'ar bincike na asibitin.

Kuɗi

Yi rajista da CAC, hukumar rajistar kamfanoni, ka samu lambar haraji da asusun kamfani, ba hukumar da za ta tura kuɗi asusunka na kai. Kada ka ɗora sana'ar a kan abin da ake biya da dala alhali da naira ake biyan ka. Kafin watan Yunin 2023 dala tana wajen naira 460 a farashin gwamnati, a 2024 ta haura 1,500. Wanda ya yanka farashin shekara a tsakanin nan ya ji a jikinsa. Wannan ma wani dalili ne na ajiye komai a cikin gini.

Raba farashi uku: kuɗin kafawa da kayan aiki, kuɗin horar da ma'aikata, sai kuɗin kulawa duk wata uku a kan sashe gaba ɗaya. Kada ka yanka a kan kowane mutum, domin za su koma shiga da kalmar sirri ɗaya su biyar, rajistar wanda ya buɗe fayil ta tashi a banza. Ƙungiyoyin agaji sun fi saurin yanke shawara, abin da ya fi jan su kuma rahoton wata ne: zama nawa, mata nawa, maza nawa, yara nawa, maki ya sauka ko ya hau, ba tare da sunan kowa ba. Asibitin gwamnati yana da matakan sayen kaya masu tsawo, ka shiga da haƙuri, kada kuma ka sayi kwamfuta da kuɗin aljihunka kafin takardar aiki da kafin alkalami su zo hannu.

Hanyar shiga ita ce gwaji na mako shida a sashe ɗaya. Kafin a fara, a auna da agogo minti nawa bayani ɗaya ke ci da hannu, a ƙirga mutum nawa suka saɓa ranar dawowa a watan da ya wuce. A ƙarshe a sake aunawa. Lissafin da za ka kai gaban shugaba mai sauƙi ne. A misali, ma'aikata shida, kowa yana ganin mutum takwas a rana, in an rage minti biyar a kowane bayani, sa'a huɗu ke nan sashen ya samu kullum. Ka ajiye littafi a ofis su riƙa rubuta duk kuskuren da manhaja ta yi, kowane mako ka zo ka zauna da su a kai, da shayi in da hali. Wata babbar nas ta taɓa ce mini, "Injiniya, in ka ɓoye muna kuskure guda, mun bar yarda da sauran." Tun daga ranar, rahoton gwajina da kurakurai yake farawa.

Sharaɗi na ƙarshe da za ka sa a yarjejeniya, tun ba su nema ba, shi ne na rabuwa. Ƙaramin kamfani yana iya rufewa, kai ma kana iya samun aiki Abuja ko rai ya yi halinsa. A rubuta cewa bayanan na asibiti ne, za a iya fitar da su kowane lokaci a sigar da firinta za ta buga ko wata manhaja ta karanta, mabuɗin sirrin kuma yana cikin ambulan da aka liƙe a hannun shugaban asibitin. Ranar da aka rabu, a miƙa musu komai, a goge abin da ya rage a gaban shaidu biyu daga ma'aikatansu, kowa ya sa hannu a takarda da kwanan wata.